Katifar Inna a Kasuwar Jimeta

Adawiyya ta gudo daga Mubi shekarar da Boko Haram suka shiga garin, ta kama ɗaki a Luggere ita da mahaifiyarta, tana ɗinki. Duk damina rufin yoyo yake, bango ya yi funfuna, tari ya ƙi barin tsohuwar. Mai gidan, Bappa Hamajoɗa, kullum sai ya ce bayan Sallah.

Ranar da likita ya ce danshin ɗakin ne sila, ta kasa zaune ta kasa tsaye. Ta naɗe jiƙaƙƙiyar katifar, ta shimfiɗa a ƙofar shagonsa cikin kasuwar Jimeta.

Ta ce, "Bappa, a kan wannan Inna take kwana."

Washegari ya turo kafinta. Tarin dai bai tafi ba, har yau tana cigiyar wani ɗakin.