Mai Zana Kambi

Shekara talatin da ɗoriya Mai Fenti ya yi yana ɗora wa shagunan mutane kambin sarauta. Rumfarsa tana bayan tashar mota, tsakanin mai faci da mai gyaran rediyo, kuma duk wanda ya buɗe sabon waje, can yake zuwa a rubuta masa allon suna. Turanci kam Mai Fenti bai ji ba, sai kalmomi arba'in da wani tsohon malamin makaranta ya taɓa rubuta masa a littafi, kowacce da fassararta a gefe: ta sarki, ta sarauniya, ta gadon mulki, ta sandar girma. Mai shago zai zo ya zauna a kan galan, shi kuma ya riƙa karanto masa kamar mai tallan atamfa.

"Wannan Royal, wato na sarauta. Wannan Palace, fada ke nan. Ga Majesty kuwa, mai martaba."

"Wacce ta fi nauyi?"

"Ai a kan katako duk nauyinsu ɗaya."

Abin haushin, da wuya ka ga wanda ya ce a rubuta masa abin da yake sayarwa kawai. Mai wankin mota fada yake so. Mai gidan abincin da ƙudaje suka fi masu ci yawa, shi daula ce tasa. Har wani mai banɗakin haya ya taɓa nacewa sai an sa masa kambi biyu. Mai Fenti yakan zana, ya shafa ruwan zinariya, ya sa 'yar alamarsa a kusurwar allo, ya sauko daga tsani. Ciki kuwa ba ya shiga. Yakan ce aikinsa daga saman ƙofa yake farawa, abin da ke ƙasa na mai shi ne. Da haka ya ci da iyalinsa, ya aurar da 'ya'ya uku, ko ɗar bai taɓa ji ba.

Sai ƙafar matarsa ta ɓaci. Tana da ciwon suga, ƙusa ta soke ta a tsakar gida, gyambon ya ƙi warkewa. A lokacin shi yana wani gari yana aikin allunan wata makaranta. Autarsu ce ta ɗauke ta ta kai ta wani ƙaramin asibitin kuɗi. Kafin ya dawo, ta kwana shida a can.

Da rana tsaka ya isa, tun daga nesa ya gane allon. Aikinsa ne: kambi mai tsini biyar, da Majesty a ƙarƙashinsa cikin manyan baƙaƙe. Har tsayawa ya yi ya duba ko fentin ya fara ɓarewa, sannan ya sa kai.

Wari ne ya fara tarbarsa. A bakin ɗakin marasa lafiya akwai bokiti cike da tsofaffin bandeji, ƙudaje sun yi masa baƙi ƙirin. Allurai na jiƙe cikin gwangwanin madara. Wata kyanwa tana lasar farantin da ake ɗora almakashi, ma'aikaciyar jinya kuma na zaune kusa da ita tana sa loma, ko ɗago kai ba ta yi ba. Matarsa tana kan gado na ƙarshe, a kan zanin da tabon jinin wani ya bushe a jiki. Ya ɗaga mayafin da aka rufa mata a ƙafa. Yatsun sun yi baƙi, kumburin ya wuce idon sawu. Ya juya ga Auta, wadda ke tsaye a gefen gadon.

"Auta, duk asibitocin garin nan, nan kika gani?"

"Baba, hannunka na gani a allon," in ji ta. "Na ce wurin da ka yi wa aiki ba zai zama wurin banza ba."

Ana haka sai ga mai asibitin, wanda kowa ke kira Dokta, tumbi a gaba, farar rigarsa duk tabon miya.

"A'a, Mai Fenti! Ashe iyalinka ce? Da ma nemanka nake. Na ƙara ɗaki biyu a baya, ina son wata kalmar da ta fi wannan girma. Ka zo da littafin nan naka."

Ko kallonsa Mai Fenti bai yi ba. Ya durƙusa, Auta ta taimaka, ya goya matarsa ya fito da ita titi ya tsai da tasi. A babban asibiti likita ya duba, ya girgiza kai, ya ce da kwana huɗu da suka wuce aka kawo ta, da yatsu biyu kawai za a cire. Aka yanke ƙafar daga ƙasan gwiwa.

Bayan an sallame ta ya koma ya nemi a sauke allon. Dokta ya ce ai kayansa ne, ba mai taɓa masa. Allon yana nan har yau yana ƙyalli, don fenti mai kyau ya sa masa. Yanzu in aka kawo wa Mai Fenti aiki sai ya ce a je ya ga wurin tukuna, ya leƙa kicin, ya leƙa banɗaki. Da yawa sukan ji haushi su tafi wurin wani, rumfar ta zama wurin gyangyaɗi.

Wata safiya yana wanke mata dungun ƙafar a tsakar gida, ta ce, "Baban Auta, wai me rubutun nan na ƙofar asibitin Dokta yake nufi? Kwana shida ina ciki ban sani ba."

"Mai martaba," ya ce, bai ɗago ba.

Ta kalli ruwan da ke cikin roba.

"Ya dai yi kyau," in ji ta. "Ni ma da na hango shi daga cikin mota, sai da hankalina ya kwanta."