Zuleide Mai Tukunyar Kaki

Shekara goma sha tara ke nan ina gyaran farce a shagon Dona Marlúcia da ke unguwar Méier a nan Rio, kuma duk tsawon shekarun nan teburina yana jingine da falankin da ya raba zauren shagon da ɗakin baya. A ɗakin bayan nan Zuleide take aiki. Ita ce mai cire wa mata gashin jiki da narkakken kaki, a shafa a fizge: ƙafa, hamata, saman leɓe, sai kuma wanda ya fi kawo mutane, wato na mara. Falankin bai kai kaurin yatsana ba. Na san wadda take addu'a idan an fizge, na san wadda take zagin mijinta, na san wadda take dariya don kada ta yi kuka.

Zuleide gajeruwa ce, kakkaura, damatsanta kamar na mai kwaɓa burodi. Tabaranta kullum yana rataye a wuya da igiya, ba ta ɗora shi a hanci sai za ta duba aiki. Kowace mace 'yata take ce mata, har waɗanda suka girme ta.

'Yar can arewa ce, daga wani ƙauye a jihar Paraíba. Tana da shekara sha shida aka sa ta a mota, kwana uku suna tafiya, aka sauke ta a gidan wasu masu hali a unguwar Tijuca a nan Rio ta yi aikatau. A gidan akwai uwar maigidan, Dona Latife, tsohuwa 'yar asalin Sham wadda ba ta yarda da reza ba. Duk wata sai ta shiga kicin ta dafa sukari da lemun tsami har ya zama halawa mai danƙo, ta kira Zuleide ta riƙe mata madubi. Da idon tsohuwar ya fara rauni sai ta miƙa wa yarinyar halawar, ta ce ta shafa, ta danne fata da hannu ɗaya, ta fizge da ɗayan ba tare da ta tsaya jin tausayi ba. Tsohuwar ta ce mata tausayi shi ne yake sa abin ya yi zafi.

Zuleide ta fara gwadawa a ƙafafunta, daga nan ta koma kan sauran 'yan aikin da ke benen da gidan yake. Ranar Lahadi, ranar hutunsu, sai su yi layi a ɗan ɗakinta na bayan kicin kafin su tafi bakin teku. Uwargida ta lura sukari ba ya kwana a gidan, ta bi sawu, ta tarar da mata shida zaune a kan gado ɗaya, kowacce ta tattare siket. Zuleide ta ɗauka korarta ta zo. Uwargidan kuwa ta tsaya ta dubi ƙafafun matan da kyau, sannan ta ce ita ma a sa ta a layi. Bayan shekara biyu ita da kanta ta kai ta wani shago ta ce su gwada hannun yarinyar nan.

Lokacin da ta fara, in ji ta, aikin mara bai wuce minti biyar ba, domin kamfan iyo na zamanin yana da yadi. Sai teloli suka shiga rage shi. Kowace bazara ya ƙara tsukewa, aikin Zuleide kuma ya ƙara faɗi, har ya rabu gida uku. A katin da ke manne a bango an rubuta na gefe, mai zurfi, da na duka. Ita dai ba ta kiran su haka. Na farko gyaran shinge take ce masa, na biyu 'yar hanya, na uku share fage. Wata 'yar ƙanwarta da ke aiki a Landan ta taɓa gaya mata cewa a can sunan ƙasarmu suka laƙaba wa mai zurfin. Zuleide ta yi dariya har ta zauna, ta ce ga kofi ga ƙwallo, amma abin da suka ga dama su tuna mu da shi ke nan.

Tana da ra'ayi a kan komai. Kaki mai ɗumi, wanda take haɗawa da zuma, shi ne na mara, saboda ɗumin yana sa fata ta saki. Mai sanyi na takarda kuwa na ƙafa ne da masu gaggawa, ta ce duk wadda ta kai shi matsematsi ba ta son zaman lafiya. Halawa tana dafa wa masu fata mai saurin fushi. Reza ba a ambatarta a gabanta. Idan yarinya ta zo da ƙuraje tana rantsuwa ba ta taɓa reza ba, Zuleide ba ta musu, sai dai ta ɗora tabarau ta dube ta ta samansa har ta faɗi gaskiya da kanta.

Labarin da nake son bayarwa ya faro ne wani Disamba mai zafi, shekara shida da suka wuce. Wata dattijuwa mai suna Dona Alzira, tsohuwar malamar firamare mai shekara sittin da takwas, ta zo gyaran farce sau uku cikin mako ɗaya. Mijinta ya rasu da shekara huɗu, kuma farcenta ba ya bukatar komai. Ina goge mata, idonta yana kan ƙofar ɗakin baya. Duk lokacin da aka fizge a ciki sai hannunta ya motsa a nawa. A zuwa na uku na ce mata, “Dona Alzira, in na ƙara kankare farcen nan nama zan taɓa. Me ake ciki?”

Ta sunkuyo ta gaya mini a kunne. Likita ya ce ta shiga ajin motsa jiki a ruwa saboda gwiwoyinta. Ta sayi rigar iyo, ta gwada a gida, ta ga abin da bai yi mata daɗi ba. Ban da haka, a ajin akwai wani Seu Anacleto, tsohon direban jirgin ƙasa, wanda ya gayyace ta yawon tsibirin Paquetá ranar Lahadi. A rayuwarta ba ta taɓa cire wa kowa tufafi ba sai mijinta da ungozoma.

Na kai ta har ƙofa na damƙa ta ga Zuleide, na dawo teburina na rage ƙarar rediyo. Ba zan ɓoye ba.

Zuleide ba ta ce ta kwanta ba. Ta zuba mata kofi, ta zaunar da ita, ta ce ta fito da rigar iyon su gani. Na ji ƙarar leda.

“To, wannan ai mai kunya ce, Dona Alzira. Gyaran shinge ya ishe ta. Abin da ya leƙo waje kawai za a ɗauke, yatsa biyu ta nan, yatsa biyu ta nan. Kafin kofinki ya huce mun gama.”

“Na biyun fa, 'yar nan?”

“Shi ana shiga ciki sosai, a bar 'yar siririyar hanya a gaba. Na masu ƙaramin kamfai ne, da waɗanda ba sa son suna cikin ruwa suna gyara riga. Ya fi zafi, ba zan yi miki ƙarya ba.”

“Na ukun?”

“Babu abin da ake bari, gaba da baya. Shi ba na yi wa sabuwar zuwa, ko da kuka ta zo. Fata sai ta san hannuna tukuna.”

Can Dona Alzira ta tambaya da ƙaramar murya wanne maza suka fi so. Zuleide ta ce shekara talatin da wani abu tana aikin nan, ba ta taɓa ganin namijin da ya zo ya kwanta a gadon nan aka fizge shi ba, don haka ba ta tambayar su. Ta ce wadda za ta ji zafin ita ce mai zaɓe. Dona Alzira ta yi dariya, dariyarta ta farko da na taɓa ji. Sai ta ce shekara talatin da biyar tana koyar da yara, ba ta taɓa yarda ɗalibinta ya tsaya a mafi sauƙi ba. A yi mata na tsakiya.

Fizgar farko ta kira sunan Maryamu. Ta biyu ta kira sunan marigayi mijinta, kuma ba da murya mai daɗi ba. Daga ta uku hira suka shiga yi a kan tsadar tumatir. Sai Zuleide ta katse hirar. Na ji ta ja fitila kusa.

Ta tambayi Dona Alzira ko ta san tana da tawadar Allah a lungun cinyarta ta hagu. Ta ce ba ta sani ba, wa yake leƙa wurin. Zuleide ta ce ta ga irinsu dubbai, amma wannan gefenta ba daidai yake ba, kuma launinta biyu. Ta ce ita ba likita ba ce, ba za ta sa wa abin suna ba, amma ba za ta kai kaki wurin ba, kuma a cikin makon nan take so a je a nuna wa likitan fata.

Dona Alzira ta fito fuska a ɗaure. Ta ce wa Dona Marlúcia ita gyara ta zo yi, ba duba ba, ta fita ko sallama ba ta yi mini ba. Mai shago ta shiga ta yi wa Zuleide faɗa, ta ce tana tsorata mata mutane. Zuleide tana wanke hannu ta ce gara ta tafi da fushi, in dai ta je asibiti.

Wata biyu ba mu ga Dona Alzira ba. Bayan bikin kanibal, na raye-rayen titi da ake yi duk shekara, wata Alhamis da hantsi, sai ga ta da kek ɗin masara a faranti, tana ɗan ɗingishi. Ashe ta yi kwana tara tana fushi, a na goma ta je asibiti. Suka yanke abin suka auna, suka ce mugun ne, ciwon daji na fata, amma bai riga ya yi saiwa ba. Ta ajiye farantin a teburina, ta shiga ɗakin baya, ta rufe ƙofa. Wannan karon na ƙara ƙarar rediyo. Da suka fito idanunsu duka sun yi ja, Zuleide tana cewa tururin kaki ne.

Na tambayi Dona Alzira labarin Seu Anacleto. Ta ce sun je Paquetá, ya yi awa huɗu yana ba ta labarin birkin jirgin ƙasa. Mutumin kirki ne, ta bar wa Dona Zenaide ta ajinsu na ruwa shi, ita tana da haƙuri.

Alhamis ta gaba ta zo da mata uku daga ajin ruwa. Ta bayanta suka zama bakwai. Ta ba su labarin tun a tafkin iyo, kowacce ta zo a yi mata gyara, a kuma duba ta da tabaran nan. Zuleide ta gaya musu su daina mai da ita asibiti, su je a duba su inda ya dace, amma ta ɗora tabaran. Suka mamaye zauren da jakunkuna da tawul masu warin maganin ruwa, suna gardama a kan salo kamar masu zaɓen gwamna. Dona Zenaide ta tsaya a kan gyaran shinge, ta ce abin da ya wuce haka neman magana ne. Dona Nilza, mai shekara saba'in da huɗu da jikoki tara, ta bi matakan ɗaya bayan ɗaya har ta kai share fage, ta fito tana cewa ta ji kamar an buɗe taga. Dona Zenaide ta ce mata Allah ya shirye ki, Nilza. Ita kuma ta ce amin, ya haɗa da Anacleto.

Bayan shekara biyu aka buɗe wani shago mai gilasai a tsallaken titi, inda ake ƙone gashi da na'urar haske, wai leza, ba ya sake fitowa. 'Yan mata suka kwashe suka koma can. Ranar Juma'a, da a da ba a samun wurin zama, sai ka ga Zuleide a bakin ƙofa tana fifita da katin bango. Dona Marlúcia ta fara maganar mai da ɗakin baya wurin ajiye kaya. Dona Nilza, da ba ta son a bar ta a baya, ta tsallaka titi ta ce ita ma a yi mata. Ba ta yi minti goma ba ta dawo. Yarinyar wurin ta duba ta, ta ce na'urar ba ta ganin furfura, baƙin gashi kawai take kamawa.

“Kun ji fa,” in ji Dona Nilza, tana ajiye jaka. “Injin ma ya raina tsofaffi.”

Zuleide ta tashi ta kunna wutar tukunya. Labari ya zagaya ajin ruwa, ya kai ajin rawa, ya kai ƙungiyar mawaƙan coci. Kafin shekara ta ƙare Alhamis ta kasa ɗaukar su, aka ƙara musu Talata. Ba a sake maganar ajiye kaya ba.

Yanzu Zuleide tana da shekara sittin da uku, wuyan hannunta na dama ya fara ciwo. Likita ya ce ta huta, ta ce ta ji, ta koya wa hagu fizga. Ta rage aiki zuwa kwana uku a mako. Matan kuwa ko ba su da abin cirewa sai sun zo, su sha kofi, su ci kek, su hana masu gyaran gashi wurin zama. Dona Marlúcia ta yi mita har ta gaji. A watan jiya ta aika aka sayo kujeru huɗu na roba, ta jera su a gefen teburina, ta ce aƙalla su riƙa zuwa da nasu kofuna.