Mai Taya Shan Ruwa

A bencin wani ɗakin hoton ciki a Lafiya, wani dogon mutum na zaune kusa da matarsa. Hularsa sabuwa ce, dugadugansa kuwa duk faso, irin na manomin doya. Da alama daga Agyaragu suka yi sammako.

A da, sista kan kara ɗan mazurari a cikin mai juna biyu ta saurara, shi ke nan. Yanzu na'ura ba ta gani sai mace ta cika mara da ruwa, ta kuma riƙe. Ruwan na tayar wa matar da zuciya, don haka yake taya ta: ta kurɓa, shi ya shanye ledar ruwa guda.

Ana haka aka ɗauke wuta.

Ita tana zaune abinta. Shi kuwa sai harɗe ƙafafu yake yana warwarewa, gumi na tsattsafo masa.

"Baban Afra'u, je ka zaga mana," in ji ta.

"In tashi a tsallake mu? Sai na ga ɗana."

Nas ta fito, ta latsa marar matar, sannan ta dube shi. "Oga, kai kam ka shirya. Madam, ƙaro leda biyu."

Matar ta miƙa masa ɗaya.