Sauron Bayan Labule

Duk unguwar Yayar Liman ake ce mata, har jikokin ƙawayenta. Ita kuwa takan ce ta yi shekara shida a duniya kafin a haifi wanda ake jingina ta da shi, kuma a shekarun nan shida ba ta ji an rasa abin da za a kira ta da shi ba. Amma ba ta taɓa ƙin amsawa ba.

Tela ce. Shagonta ɗan tsugul ne, yana manne da wurin alwalar masallaci, har idan famfon ya lalace ita ke fara sani. A ciki akwai tsohon keke mai feda, da teburin yanka, da gwangwanin maɓallai, da kujerar roba guda ɗaya ta baƙi, wadda ƙafarta ta sha ɗauri da waya. Mijinta direba ne, ya rasu da daɗewa. 'Yarta tilo tana aure a wani gari mai nisa, sai dai waya. Abin da ya rage mata a kusa shi ne keken nan, da ƙanen nan nata, da kuma Alƙur'ani da ke cikin kanta tun daga farko har ƙarshe.

Ba wanda ya zaunar da ita ya koya mata. Mahaifinsu malami ne, kullum da safe yakan sa ƙanen nata, Auta, a gaba, yana biya masa aya yana maimaitawa, yaron na gyangyaɗi. Ita tana gefe tana wanke-wanke ko tana sa maɓalli a rigar wani. Kafin Auta ya riƙe aya ɗaya ta riƙe shafin. Idan malam ya fita, ita ke kama kunnen yaron ta biya masa, don kada ya sha bulala da yamma. Rannan malam ya dawo ba zato, ya tsaya a bakin ƙofa yana jin ta tana karanta abin da bai ma kai ga koya wa ɗan ba. Ya daɗe a tsaye. Sannan ya girgiza kai ya ce, “Kai, da namiji ce.” Ya shige ɗaki abinsa. Yabo ya yi niyya, ta sani. Amma yabon ya yi mata ciwo, kuma shekara hamsin bai daina ba.

Auta ya girma ya zama liman. Gaskiya ya cancanta. Mutum ne mai haƙuri, ga murya mai daɗi, ba ya tsawaita huɗuba, ba ya shiga rigimar kowa. Matsalarsa guda ce: ayoyi masu kama da juna. Yana cikin wannan sura, sai ya zo wata aya da ke da 'yar'uwa a wata surar, sai ya bi 'yar'uwar ya zarce can, kamar wanda ya shiga gidan maƙwabci don ƙofofin iri ɗaya ne.

A nan Yaya ta samu aikinta. Sashen mata a masallacin yana gefen dama ne, koren labule ya raba shi da na maza, labulen da ita ta ɗinka, ita ke wankewa, ita ke sakewa idan ya koɗe. Wurinta sananne ne: sahun farko, jikin ginshiƙi, taku kaɗan daga inda liman ke tsayawa. Ka'ida ta ce idan liman ya yi kuskure namiji ya yi tasbihi, mace kuwa ta tafa. To ita ta ɗauki rabonta na ka'idar da hannu biyu. Tafi ɗaya, ya tsallake aya. Tafi biyu, ya shiga gidan maƙwabta. Da ya ji sai ya ja baya kaɗan, ya kama hanya, salla ta ci gaba. Ba su taɓa zama sun tsara abin ba, ba su kuma taɓa maganarsa ba ko sau ɗaya. Idan sun haɗu a waje ta ce, “Malam, ina kwana,” ya ce, “Yaya, kin tashi lafiya,” shi ke nan.

Mazan sahun gaba kuwa, Allah ya ba su lada, sun fi shekara ashirin suna jin tafin nan, kuma sun gama yanke hukunci cewa sauro ne ya addabi sashen mata. Har sau biyu kwamitin masallaci ya sayo maganin feshi. Yaya ta karɓa ta yi godiya, ta kai shago, inda sauron yake da gaske.

Kwamitin nan mutum bakwai ne, duk maza, suna zama a kan tabarma bayan la'asar ranar Asabar. Mata ke share masallacin, su ke wanke dardumomi, su ke cika butoci, amma ba a taɓa tambayarsu ko wane irin tsintsiya suke so ba. Shugaban kwamitin dattijo ne mai kantin kayan gini, mutumin kirki, sai dai duk matsalar da ka kawo masa, ko ta ciwon kai ce, zai ga maganinta a bulo da siminti. Shi ya dawo daga wata tafiya ya ce ya ga masallatai na zamani, ba mai sa labule yanzu. Labule yana motsi da iska, yana ɗauke hankalin samari. Bango za a yi har sama, a buɗe wa mata ƙofarsu ta baya, a sa musu lasifika da fanka. Shi zai ba da kayan, sadaka. Ya ce wannan karramawa ce ga iyayenmu mata, kuma har ransa haka yake nufi.

Liman yana wurin. Ladan ne ya ba Yaya labari washegari, da ya kawo wandonsa a rage masa tsawo. Ya ce an tambayi Malam ra'ayinsa, Malam ya shafa gemu, ya dubi silin, ya ce duk abin da jama'a suka gani. Yaya ta ci gaba da auna wandon. Ba ta yi mamaki ba, don ta san ƙanenta. In ya ce a bar labule, sai an tambaye shi dalili, shi kuwa ba zai iya buɗe baki a gaban mutum shida ya ce mace ke riƙe masa karatu ba. Ta fahimce shi sarai, amma fahimtar ba ta hana ranta ɓaci ba. Ranar ta yanke wandon Ladan ya fi yadda ya ce gajarta.

Da kanta ta hau kujera ta sauke labulen, ta wanke, ta goge, ta ninke shi ta sa a ƙarƙashin teburin yanka. Cikin mako biyu bango ya tashi, aka shafe shi da farin fenti. Matan suka yaba da fankar. Lasifikar ma tana aiki, har numfashin liman ana ji. Abin da ba wanda ya lura da shi shi ne na'urar hanya ɗaya take bi: tana kawo murya, ba ta mayarwa.

Magaribar kwana na uku liman ya shiga gidan maƙwabta. Yaya ta tafa sau biyu. Ya ci gaba da tafiya abinsa. Ta sake tafawa da ƙarfi, har matar da ke kusa da ita ta razana. Daga nan ta miƙa hannu ta bugi bangon da tafinta. Bangon Shugaba ne, ba a yi masa ha'incin siminti ba. Aka yi sallama, ta kasa kunne ko za ta ji wani a cikin maza ya ce wani abu. Sai gaisuwa ta ji da ƙarar takalma.

Wannan ya fi komai ƙona mata rai. Ta yi zaton in babu ita za a gane. Ashe babu wanda zai gane. Wata biyu ana haka, liman na tsallakewa, tana bugun bango, sahun gaba na fita suna cewa ai tun da aka yi ginin nan salla ta ƙara natsuwa, sauron ma ya ragu. Ta fara tunanin ko ta riƙa sallarta a shago, tunda Allah na ko'ina. Ta gwada kwana ɗaya. Tana jin karatun ta lasifikar waje, hannunta na ɗagawa da kansa. Washegari ta koma.

Sai wata asubar Laraba. Liman ya ɗauko doguwar sura, ya yi nisa, ya zo wata mararraba, sai ya tsaya cak. Wannan karon ya ji a jikinsa cewa ya kauce, amma bai san daga ina ba. Ya maimaita ayar. Ya sake tsayawa. Ta lasifika Yaya tana jin numfashinsa, kuma ta san abin da yake jira, don ta san shirun nan tun yana ɗan shekara bakwai. Wani ya yi gyaran murya. Ladan ya yi ta maza ya jefa masa wata aya, ita ma daga wani gidan daban, gida na uku ke nan. Yaya ta bugi bango, ta sake bugu, ayar na bakinta tana karanta ta a hankali ga farin fenti. Da shirun ya yi yawa liman ya yi kabbara ya tafi ruku'u.

Da hantsi sai ga shi a shago da riga a hannu, wai aljihu ya yage. Ta duba aljihun, ta ga yagewar sabuwa ce fil, irin wadda yatsa ke yi da gangan. Ta zura zare. Ya zauna a kujerar roba yana kallon gwangwanin maɓallai.

“Yaya,” ya ce, “yau a ina na kauce?”

“Na yau kake tambaya, Auta, ko tun daga ranar da aka gama fenti?”

Ya ɗago kai. Ta fara lissafo masa tana taka keke, rana da rana, salla da salla, wace aya ya bari, wacce ya ɗauko a madadinta. Ba faɗa a muryarta, kamar mai karanto awon riga. Tun tana na biyar ya sunkuyar da kai. Da ta gama ta ciji zaren ta miƙa masa rigar. Ya tambaya me ya sa ba ta gaya masa tun tuni ba.

“Na gaya maka,” ta ce. “Kowane ɗaya na gaya maka a lokacinsa.”

Asabar ɗin nan liman ya kawo wa kwamiti ƙorafi, karo na farko a tarihinsa. Ya ce sashen mata ba ya samun iska, a fasa taga a bangon. Shugaba ya ce ai akwai fanka. Liman ya ce idan an ɗauke wuta fa? Aka yi zama uku a kan girman tagar, da tsayinta daga ƙasa, da irin ragar da za a sa don kada ido ya wuce. Ba a tambayi masu jin zafin ba. A ƙarshe aka rubuta a littafin kwamiti: tagar iska, guda ɗaya.

Ranar da magini ya zo da guduma ya tambayi inda za a fasa, Shugaba ya ce tsakiya, don kyau. Liman ya ce a bari ya duba ta ciki. Ya zagaya ta ƙofar baya, ya cire takalmi, ya shiga sashen da bai taɓa takawa ba duk shekarun limancinsa. Ba kowa a ciki. Bangon fari tas daga wannan kusurwa zuwa waccan, sai wuri ɗaya jikin ginshiƙi, daidai kafaɗar mace mai matsakaicin tsayi, inda fentin ya goge har siminti ya fito, faɗin tafin hannu. Ya tsaya yana kallonsa. Ya ɗora nasa hannun a wurin. Magini, da ya biyo bayansa, ya ce ya ga Malam ya share ido da hannun riga, amma ƙila ƙurar siminti ce.

“Nan,” in ji liman.

Kwana huɗu bayan an sa raga bai yi kuskure ko ɗaya ba, har Yaya ta fara jin haushi. A na biyar, da magariba, ya leƙa gidan maƙwabta. Tafi biyu ya ratso tagar, ƙarara. Ya ja baya, ya kama hanya.

Bayan sallama, mutane ba su kai ga tashi ba, Shugaba ya juyo ya ce to ga irinta nan, an fasa taga sauro ya dawo, sai a sake sayo magani. Liman bai riga ya kashe makirufo ba. Ya dubi Shugaba, ya dubi abin da ke maƙale a wuyan rigarsa, ya bar shi a kunne.

“Ba sauro ba ne, Alhaji,” ya ce. “Yayata ce take gyara mini karatu. Ita ta koya mini tun farko, kuma ta fi ni.”

 Can Ladan ya ce, a hankali, shi dai dama ya sha mamakin sauron da ba ya cizo sai a tsakiyar sura.

A bayan bango matan duk sun juyo suna kallonta. Yaya ta ci gaba da jan carbinta kamar ba da ita ake ba, sai dai ta rasa inda ta tsaya a ƙirgen, ita da ba ta taɓa rasa aya ba. Maganar da ta jira daga bakin mahaifinta ce, ta zo a makare da shekara hamsin, ta bakin yaron da ta ja wa kunne, kuma ba “da” a cikinta. Ta ji daɗi har ta ji kunya. Matar da ke gefenta ta taɓa ta ta ce, “Yayar Liman, kuka kike yi?”

Ta goge fuska da gefen hijabi, ta nuna tagar da haɓa.

“Iska ce,” ta ce. “Ai don ita aka fasa.”