Fuskar Yaya Bawa

Abin da wuya, kuma bai taɓa yin sauƙi ba. Bana shekara talatin ke nan da rasuwar yayana Bawa, har na girme shi nesa ba kusa ba. Damuwata ɗaya ce: na manta fuskarsa.

Bawa mai zanen ƙwarya ne a Wurno, zamanin Turawa. Da wuƙa mai zafi yake ƙona zanen, irin wanda munka gada. Ran nan wani Baturen gona ya zo duba fadama, ya nuna masa hoton matarsa. Tun daga ranar Bawa ya lalace. Ya koma ƙona mutane a jikin ƙwarya: masunci bisa gora, mai ban ruwan albasa, sannan Innarmu tana tsince wake. Duk wanda ya ga ta Inna sai ya ce, "Wallahi ita ta!"

Amma ba mai saye. Wace mace za ta dama fura a ƙwaryar da ke kallonta? Malamin unguwa ya kira shi, ya ce gobe kiyama za a ce ya busa musu rai. Ya ba shi mafita, ya ce ya ja layi a wuyan kowane, don a san ba cikakken mutum ba ne.

Bawa ya ce, "Allah gafarta Malam, in yanka Inna ke nan?"

Babanmu ya ji, ya tara ƙoren ya farfashe. Bawa bai sake ɗora wuƙa a wuta ba har sanƙarau ya ɗauke shi. Bai zana kansa ba, ba a taɓa ɗaukarsa hoto ba.

Yau ko'ina fuska ce. Jikin kuɗi, bangon kasuwa, allon masu aski, bayan manyan motoci. Malamai ma zama suke a ɗauke su hoton tafiya hajji, ba mai ja musu layi. Ban san mi Bawa zai ce ba. Ƙila ya yi dariya, ƙila ya tofar da miyau.

Kwanaki na je Goronyo wajen wani mai zanen motoci, na ce ya zana mini shi.

"Baba, hancinai fa? Dogo ko gajere?"

Na ce ban tuna ba.

"Idanunai?"

"Idanu dai irin na mutane."

Ya zana abin da ya iya. Na kai wa Yaya Hajjo a Rabah, ban da ni ita kaɗai ta rage cikin waɗanda sunka san shi. Ta daɗe tana dubawa.

"Wanga wane na?"

"Bawa na, Yaya."

"Kai dai tun kana yaro ba ka da kai. Bawa ya fi wanga kyau."

"To, ina sunka bambanta?"

Ta miƙo mini zanen. Ita ma ya ɓace mata.

Abin da ya rage na Bawa ke nan, suna, da mu biyu da ba mu iya faɗin kamanninsa.

Washegari da safe na buga ƙusa a zaure, na rataye zanen. Duk wanda ya tambaya ina cewa Bawa ne. Ba sauran mai iya ƙaryata ni.