Baitin da Malam Safiyanu Ya Rubuta wa Ɗansa

Shekara talatin da ɗaya ke nan, da zarar hantsi ya ɗaga, Malam Safiyanu zai fito da teburinsa ya kafa a bakin tashar Tanut, ya share kan teburin da gefen rawani, ya jera biro biyu da takardu. Wasiƙu yake rubuta wa waɗanda ba su yi lakwal ba, wato makarantar boko, da boko ko da ajami, yadda mai karɓa zai iya karantawa. Da waya ta zo ta kashe wasiƙa, sai ya koma cika wa mutane takardun neman katin ɗan ƙasa. A ƙarshen watan nan zai naɗe teburin, domin idanu sun ƙi. Shi ya sa muka ga ya dace a faɗi wani aiki nasa da ba kowa ya sani ba.

Daga wannan tasha matasan ƙasar Damargu ke hawa mota su yi arewa neman abin kai wa baka, wasu Aljeriya, wasu Libiya. Da yawa hamada ta cinye su. Tun shekarun farko Malam ya buɗe wani littafi mai baƙin bango, yana rubuta wa kowane mamaci baitin waƙa guda. Babu wanda ya sa shi, kuma babu wanda ya gindaya masa sharuɗɗa. Shi ya ɗaure kansa. Baiti layi huɗu ne, ba ƙari. Kowane layi sai ya ƙare da sautin da sunan mamacin ya ƙare da shi. Sannan ba ya sa ko kalma ɗaya sai wadda wani ya gani da idonsa ya zo ya faɗa masa.

Wani malamin lakwal, irin waɗanda a nan ake kira Mushe, ya taɓa ce masa, "Malam, ka matse kanka da yawa. Ka saki alƙalami mana ya yi kuka."

Ya ce, "Mushe, in na sake shi ƙarya zai yi. Duk wanda ya mutu sai ya zama waliyyi. Ni kuwa so nake uwarsa ta ji baitin ta ce, wannan ɗana ne."

Sannu a hankali mutane suka ɗauki littafin da muhimmanci. In aka ce wane ya shiga littafin Malam Safiyanu, to magana ta ƙare, a yi sadaka.

Shekara shida da suka wuce, ɗansa Ahmadu ya hau motar arewa, ya bar matarsa Rukaiya a gidan. Bayan kwana arba'in wani ɗan garin Gangara da suka tafi tare ya dawo, leɓɓansa duk a tsage. Ya ce motarsu ta mutu can arewa da Arlit, su ashirin. A rana ta uku Ahmadu ya ɗauki jarka ya bi kudu, bai dawo ba. Mutum bakwai kaɗai aka tarar da rai.

Malam ya tambaye shi, "Ka ga gawarsa?"

"Ban gani ba, Baba. Bayansa kawai na gani."

Kafin mako ya zagayo magana ta canja kama a gari. Aka ce jarkar da ruwa a cikinta, sauran ruwan jama'a ne ya sace ya gudu. Dangin waɗanda suka mutu suka daina gaida Malam. Wata tsohuwa da jikanta ya mutu a tafiyar ta tsaya gaban teburinsa ta tofa yawu a ƙasa ta wuce.

A gida kuma wata wutar ce. Liman ya ce in babu shaida, sai Rukaiya ta jira shekara huɗu, ba ita da miji ba, ba ita bazawara ba. Ta yi shekara guda tana haƙuri. Wata rana da la'asar ta zo ta durƙusa nesa da tabarmar surukinta.

"Baba, ka sa shi a littafin. In ka rubuta, kowa zai yarda. Ni da kai mun san ba zai dawo ba."

Malam ya dubi littafin. Layi huɗu kawai, kuma babu mai tuhumarsa. Amma ya san akwai gidaje fiye da ɗari da suka yi makoki a kan amanar littafin nan.

Ya ce, "'Yata, ba zan rubuta abin da ba a gani ba. Amma zan je in nemo wanda ya gani."

Matarsa Tata ta fashe da kuka. "Na ba hamada ɗaya, yanzu kuma kai?"

Ya tafi, yana da shekara sittin da uku. Wata huɗu ya yi tsakanin Agadas da Arlit, yana bin direbobi da masu raƙuma da tambaya ɗaya. A wata rijiya aka haɗa shi da wani Ba'abzine makiyayi mai suna Attahir. Mutumin ya saurare shi, ya shiga tanti, ya fito da katin ɗan ƙasa na Ahmadu da rana ta ƙone.

Ya ce, "Ya iso nan da jarka babu ko ɗigo. Na ba shi nonon raƙumi, na ce ya kwanta. Ya ƙi. Ya ce akwai mutane a baya suna jiransa. Ya cika jarkar ya juya arewa. Bayan kwana biyu na same shi a kan wani tudu. Jarkar na gefensa, da nauyinta. Ni da ƙanena muka yi masa salla muka rufe shi."

Malam ya sa aka ɗauki muryar Attahir a waya, ya dawo Tanut, ya kunna ta gaban liman da dangin mamatan. Babu wanda ya iya ɗaga ido.

Da ya zauna rubutu, Tata ta ce, "Ka sa cewa ya ƙi shan ruwan ne saboda su."

"Ni ma haka nake zato. Amma babu wanda ya ga wannan."

"To ka ce jarumi ne. Ɗanka ne fa!"

Bai sa ba. Kwana tara yana fama da layi huɗu, domin kalmomin da ke ƙarewa kamar sunan Ahmadu ba su da yawa. Ga abin da ya fito:

Da jarka wofi ya fuskanci kudu,
Ya cika ta fal, ya koma kan tudu,
Wajen mutanen da aka ce ya bari ya gudu,
A nan aka rufe shi, Ahmadu.

Da ya karanta mata, Tata ta rufe fuska da zane. Can ta ce, "Shi ne."

Malam, kai ne ka ga hanya mai sauƙi a gabanka, surukarka na roƙo, matarka na kuka, ka ƙi bin ta. Kai ne ka wanke sunan ɗanka ba tare da ka ƙara masa ko wasali ɗaya na son kai ba. Rukaiya ta yi aure a garin Tarka, har yau in ta shigo gari gidanka take fara sauka. Tsohuwar nan ba ta taɓa zuwa neman gafara ba, kuma baitin jikanta na cikin littafin, ka rubuta shi da kulawar da ka ba na Ahmadu.

Mun gode, Malam Safiyanu. Allah ya saka, ya sauƙaƙa ciwon idon nan. Masu riƙe da alƙalami a Damargu, ku yi koyi: ku sa wa kanku iyaka, ku tsaya a kanta ranar da za ta yi muku ciwo.

Saura roƙo ɗaya. A shafin ƙarshe na littafin akwai sunaye arba'in da uku da ba su da baiti, domin har yanzu ba a sami wanda ya ga ƙarshensu ba. Direba ne kai ko makiyayi, in ka taɓa rufe wani baƙo a hanyar arewa, ka zo Tanut ka tambayi gidan Malam Safiyanu. Ba ya gani sosai yanzu, amma kunnensa ƙalau, kuma uwayen masu waɗannan sunaye na nan da rai.