Kifin Allura

Shekarun baya, tun Yauri na ƙarƙashin Jihar Sakkwato, na yi lebura a wata gonar kifi bakin tafki, wajen Wara. Bokona a firamare ya tsaya, don haka aikina riƙe kifi ne. Oga ya yi wa macen tarwaɗa allura, a tsaga cikin namijin wani kifi da ake kira ramboshi, a matse ruwansa kan ƙwanta, ni kuma in juya da gashin kaza. Wai sabon iri za a fitar, mai saurin girma. Kifin da aka gama da su mu leburori ake ba. Matata na da ciki, ba abin da ke zama mata sai romonsu.

Wata Juma'a abokina ya ja ni gidan bidiyo a Yelwa. Fim ɗin Turawa ne, ko kalma ban ji ba. Likita ya ɗura wa wani mutum jinin dabba, yatsunsa suka manne, wuyansa ya tsage yana numfashi ta nan. Jama'a na ta shewa. Ni, ƙato da ni, waje na fita na yi amai.

Da na koma aiki na leƙa kwamin 'ya'yan kifi. Wasu ba ido, sai zagaye suke. Ɗaya kai biyu gare shi, kowane baki na buɗewa daban.

Na ce wa oga, "Ranka ya daɗe, mai ciki in ta ci kifin allurar nan fa?"

Ya yi dariya. "Ba mu duba wannan ba. Amma ba komai."

Na hana matata ci, bayan ta riga ta ci na watanni.

Ta haifi mace. Na buɗe hannun jaririyar, yatsu shida, hagu da dama. Na zauna daɓas a ƙasa.

Innata ta ce, "Kai, tashi, ragon banza! Cindo na. Kakanka ma da nashi anka rufe shi."

Ungozoma ta ɗaure ƙarin yatsun da zare, suka bushe suka faɗi. Kakan nan ban taɓa ganinsa ba. Na tambayi tsofaffi, wani ya ce yana da shi, wani ya ce bai tuna ba.

Su oga sun daɗe da kwashe kayansu, ba wanda ya waiwayo ya ga me muka haifa. Yarinyar ta girma lafiya lau, yanzu 'ya'yanta huɗu. Amma duk haihuwarta, in aka miƙo min jariri, sai na buɗe hannunsa kafin in yi masa addu'a. Ta lura. Har yau ba ta tambaye ni ba.